DATAR DUBU BIYU, TARAR MILIYAN BAKWAI

Matasan tafiya, na nan Ambursa da na Zauro da Gulumbe da Gwadangaji, da na cikin Birni, har zuwa Gulma da Argungu. Rubutun yau da ɗan tsawo. Na san za a zage ni a kwament, ba komai, amma don Allah a karanta tukuna sannan a zaga.

Mu fara da lissafi, tunda ba ɗan siyasar da bai iya lissafi ba. Abin da ake ba ɗan midiya don ya saki faifai, datar dubu biyu ce, in oga ya tashi da hannun dama a kai dubu biyar. Abin da doka ta ajiye wa wanda ya tura bidiyon batsa ta waya kuwa, tara ce da za ta iya kai naira miliyan 7, ko ɗaurin da zai iya kai shekara 3, ko a haɗa masa duka biyun. Sashe na 24 ke nan na Dokar Laifukan Intanet ta 2015, wadda Jonathan ya sa wa hannu dab da zai sauka, Tinubu kuma ya sa hannu a gyaranta a Fabrairun 2024. Gyaran ya zubar da kalmomi da dama daga sashen, irin su cin fuska da ɓata wa mutum rai, amma batsa tana nan daram inda take, haka ma ƙaryar da mutum ya san ƙarya ce ya yaɗa don tada hankalin jama'a. Ka zauna ka ƙirga buhun shinkafa nawa tsohonka zai fitar daga fadama kafin ya haɗa miliyan bakwai.

Abin da ya kawo maganar kowa ya sani. Kwanakin nan wani faifai ya shigo zaurukanmu na WhatsApp, wai wani jigon ɗaya ɓangaren ne da wata yarinya a ɗaki. Na ce wa masu kula da zauruka su goge shi, su kuma ja kunnen duk wanda ya maido shi. Tun ranar ba sunan da ba a kira ni da shi ba: an saye ni, na zama ustaz, tsoro ya kama ni. Wani ƙanena a tafiya, yaron kirki wallahi, ya tare ni bakin tasha ya ce: "Shugaba, mi al laihinmu? Ba mu munka ɗauka ba, ba mu munka aike shi ba. Turo muna anka yi, munka tura. Su da sunka samu namu, halan ƙyale mu za su yi?"

Shi na ba amsa a tsaye. Ku zan ba ku a rubuce.

Dokar ba ta tambayi wa ya riƙe kyamara ba. Maganarta a kan aikawa take: wanda ya aika da saninsa, ko ya sa aka aika. Sashe na 27 ya ƙara da cewa wanda ya taimaka, ko ya zuga, ko aka haɗa baki da shi, hukuncinsa daidai yake da na mai laifin. Kai da ka rubuta "a yaɗa shi ko'ina" a ƙarƙashin faifan, ka rubuta wa ɗan sanda rabin rahotonsa da hannunka. Kuma irin wannan shari'a Babbar Kotun Tarayya ake kai ta, ba gaban hakimi ba inda kawunka zai je ya cire hula ya ba da haƙuri a tashi. Bayan ita ga ɓata suna, wanda kundin Penal Code na Arewa ya ajiye wa ɗaurin da ya kai shekara 2 a sashe na 392. Wannan ma ya isa a ajiye mutum kwana da kwanaki ana neman mai tsaya masa beli.

To bar ta gwamnatin tarayya, tunda wasunku na cewa dokar Turawa ce. Mu nan Kebbi muna da kotunan shari'ar Musulunci masu hukunta laifi tun shekarar 2000, zamanin mulkin Adamu Aliero. Mu muka cika filaye muna kabbara aka kawo ta. A cikinta akwai ƙazafi: ka jefi mutum da zina ba ka kawo shaidu huɗu ba, bulala 80, kuma shaidarka ta faɗi. Yana nan a farkon Suratun Nur, duk wanda ya zauna gaban malami da allo ya wuce ta wurin.

Ina so ku tsaya a kan wannan sura, don amsar ƙanen nan nawa a ciki take. Lokacin da aka yi wa Uwar Muminai Nana A'isha (RA) ƙage bayan yaƙin Banu Musɗaliƙ, wanda ya ɗauki jagorancin zancen shugaban munafukai ne, Abdullahi ɗan Ubayyu. Amma da wahayi ya sauka ya wanke ta, mutum uku da littattafan tarihi suka ambata an yi wa bulala ba munafukai ba ne. Misɗahu ɗan Usasa, wanda ya halarci Badar, ɗan uwan Sayyidina Abubakar ne, a hannunsa ma yake ci. Hassanu ɗan Sabit, wanda harshensa ya daɗe yana kare Manzon Allah (SAW). Sai Hamnatu 'yar Jahshi. Allah ya ƙara musu yarda, sun tuba an tsarkake su, ba don in taɓa darajarsu na kawo su ba. Na kawo su ne don ba su suka ƙago maganar ba. Ji suka yi suka maimaita. Da harshen yau, turo musu aka yi suka tura.

Ita Hamnatu kuma ku dubi dalilinta. 'Yar uwarta Zainab matar Annabi ce, ita ce take gogayya da Nana A'isha a gidan. Hamnatu ta shiga zancen ne don ta taya 'yar uwarta, wato don ɓangarenta ya samu galaba. Ita kuwa Zainab da aka tambaye ta, alheri kawai ta faɗa a kan kishiyarta. Wadda ake yi dominta ta tsira da mutuncinta, mai taya ta faɗa ta sha bulala. Ɗan midiya, in ba ka ga kanka a wannan labari ba, ka sake karantawa. Surar ma ta zargi masu karɓar zance daga baki zuwa baki suna ganin ƙaramin abu ne, ta kuma yi alƙawarin azaba tun a duniya ga masu son alfasha ta bazu cikin muminai.

Sai ku ce, ai wancan ƙarya aka yi, namu kuwa ga shi a bidiyo, ido ya gani. To ga wani. Zamanin Sayyidina Umar, mutum uku suka zo suka ce da idonsu suka ga gwamnan Basra, Mugira ɗan Shu'uba, da wata mata. Gwamna fa, mai riƙe da amanar jama'a, irin wanda kuke cewa dole a tona. Na huɗunsu, Ziyad, da aka zo ba da shaida bai cika ta yadda shari'a take so ba. Umar ya sa aka yi wa ukun bulala tamanin-tamanin, cikinsu har da sahabi Abu Bakrata. Su suna wurin da ƙafarsu. Kai kana kwance kan tabarma a Ambursa, an turo maka hoto mai duhu na daƙiƙa arba'in, ba ka san garin ba, ba ka san shekarar ba, ba ka san ko matarsa ce ba. Malamai da dama na wannan zamani sun tafi a kan cewa hoto ba ya tsayawa a madadin shaidu huɗu a haddin zina. A sashe na 24 ɗin can ma, kasancewar abin gaskiya ne ba ya fitar da kai, don batsa batsa ce ko da gaske aka yi ta. A Penal Code kuma gaskiya kaɗai ba ta wadatar ba, sai ka nuna cewa amfanin jama'a ne a bayyana ta.

Wata maganar da nake ji ita ce, mu dubu nawa muka tura, wa za a kama? A Janairun 2018 'yan sandan ƙasar Denmak sun tuhumi matasa sama da 1,000 a lokaci ɗaya, saboda sun tura wa junansu bidiyon wasu yara biyu 'yan shekara 15 ta Messenger. Kamfanin Facebook ne da kansa ya kai rahoto ga hukumomin Amurka, su kuma suka miƙa wa Denmak. Yawancinsu ba su san yaran ba, tura musu aka yi suka tura.

Za ku ce can Turai ne. Gaskiya ne, nan ba za a kama dubu ba. Nan ɗaya za a kama, ko biyu, kuma wannan ya fi muni, don ba ka san ko kai ne ba. Tun Disambar 2020 aka fara haɗa layin waya da lambar NIN, layinka da sunanka da hoton fuskarka da zanen yatsanka wuri ɗaya suke. Dokar Shaida ta 2011, sashe na 84, ta buɗe wa abin da aka ciro daga waya da kwamfuta ƙofar kotu. Kuma ba sai an yi wani binciken kimiyya ba ma. Zaure ɗaya na WhatsApp yana ɗaukar mutum sama da dubu. Wane zaurenmu ne ba ɗan leƙen asirin wancan ɓangare a ciki? Mu ma ai muna da namu a nasu, kar mu yaudari juna. Kafin ka goge, an riga an ɗauki sikirinshot da lambarka a sama, ya isa wayar lauyansu.

Wa ake ɗauka in an tashi ɗauka? Ku tuna Oktoban 2019 da aka cika gari da cewa Buhari zai auri minista Sadiya Umar Farouq ranar Juma'a, har da katin gayyata da bidiyo. Manya nawa suka yi dariya suka tura wa abokansu? A Janairun 2020 wanda DSS ta fito da shi gaban 'yan jarida wani matashi ne ɗan Kano, aka kuma gurfanar da shi a kotu. A Nuwamban 2022 kotun majistare a Kano ta yanke wa Mubarak Uniquepikin da Nazifi Muhammad, 'yan barkwancin TikTok, bulala 20 kowannensu, da tara, da sharar harabar kotu ta kwana 30, kan bidiyon da suka taɓa Ganduje. A watan nan dai aka ɗauke wani ɗalibin Jami'ar Tarayya ta Dutse kan layi ɗaya da ya rubuta a Twitter game da Aisha Buhari, ya kwana gidan yarin Suleja, sai da ƙasa ta ɗauki zafi aka janye ƙarar. Shi ya yi sa'a duniya ta ji. Kai in aka ɗauke ka daga bakin kasuwar Ambursa, wace jarida ce za ta buga?

Ban taɓa jin an kama wanda ya ba da faifan ba. Shi ba ya turawa da layinsa. Yaronsa zai kira ka gefe ya zuba maka a waya, ya ce oga ya ce a yi aiki. Ranar da ta ɓaci ka kira oga, waya a kashe, ko a ce yana Abuja wajen mitin. Wadda za ka gani a bakin caji ofis da kwanon tuwo a ɗaure cikin ɗankwali, tsohuwarka ce. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Akwai abin da ya fi wannan haɗari, kuma ban ji ko mutum ɗaya ya tambaya ba cikin duk masu hayaniyar nan: yarinyar shekararta nawa? In ba ta kai 18 ba, magana ta bar sashe na 24 ta koma na 23, na batsar ƙananan yara. A nan wanda ya rarraba zai iya shan shekara 10 ko tarar miliyan 20. Wanda kawai aka samu abin a wayarsa, bai tura wa kowa ba, shekara 5 ko miliyan 10. Kuma yawancinku wayarku da kanta take sauke duk abin da aka jefo a zaure, yana nan kwance a cikinta ko ba ku buɗe ba. A Afrilun 2022 da bidiyon wasu ɗaliban wata makarantar kuɗi ya fita, gwamnatin Legas sai da ta fito ta gargaɗi jama'a cewa a dokarta mai yaɗa shi zai iya shan shekara 14. Wanda ya turo muku faifan nan ya haɗo muku da takardar haihuwarta?

Yanzu mu ajiye kotu, mu yi maganar ita yarinyar, don na lura a duk cacar bakin nan sunan jigon ake kira, ita kamar kujera ce a ɗakin. Kun ce shi kuke hari. Ƙarya ne, ko ku sani ko kar ku sani. Namiji mai kuɗi a ƙasar nan, in irin wannan ta same shi, zai ɓace sati biyu, ya tafi Umra, ya dawo a tarbe shi a filin jirgin nan na bayan gidajenmu da jerin motoci. Ita fa?

Waɗanda suka kai shekaruna za su tuna 2007, lokacin ba WhatsApp, da Bluetooth ake tura abu daga waya zuwa waya a shagon masu caji. Bidiyon wata 'yar fim ta Kano ya fita. Ba zan kira sunanta ba, ko da yake duk kun sani, kuma wannan sanin naku shi ne hujjata: shekara kusan ashirin, ta yi aure, ta bar harkar, amma sunanta na nan a bakin mutane a matsayin sunan abin kunya. Namijin da ke cikin faifan, wanda shi ya ɗauka, mutum nawa ne cikinku za su iya faɗin sunansa yanzu? Wutar ba ta tsaya kanta ba. Gwamnatin Shekarau ta ɗora Abubakar Rabo Abdulkarim kan Hukumar Tace Fina-finai, aka dakatar da ɗaukar fim wata shida, masu kyamara da masu haɗa hoto da masu sayar da kaset suka zauna ba aiki, Adam Zango ya shiga gidan yari a shekarar, Iyan-Tama ya bi baya a 2008. Daga faifai ɗaya da wani ya ga ya dace ya nuna wa abokinsa.

Kano ke nan, birni mai miliyoyin mutane inda za ka sauya unguwa ka ɓace. Mu nan ina za a ɓace? Daga Ambursa zuwa Kardi zuwa Makera zuwa Alwasa, wane gida ne ba mu ba su aure ba ko ba su ba mu ba? Yarinyar da ka tura yau, ka bi salsala za ka tarar ɗiyar ƙanwar matar kawunka ce. Tana da ƙanne mata da za a fasa nema. Tana da uba da zai daina zuwa sahun gaba a masallaci. Kuma ba ka san yadda aka yi faifan ba. Wata yaudararta aka yi da alƙawarin aure. Wata ba ta san an kafa waya ba. Wata an daɗe ana karɓar kuɗi hannunta da barazanar za a saki, ranar da ta kasa biya aka saki. In haka ne, kai da ka tura kai ne ka cika wa mai barazanar alƙawarinsa, kyauta, da datarka.

Na san abin da masu wayon cikinku ke jira su jefo mini. Za su ce, to Shugaba, bidiyon dala fa? Na asibitin Kangiwa fa? Wato mu rufe ido azzalumai su yi ta ci?

A'a. Kuma a nan nake so a fahimce ni da kyau, don ni ba mai kare sashe na 24 ba ne. An yi amfani da shi an ci zalin 'yan jarida da masu faɗin gaskiya, har kotun ECOWAS ta yanke hukunci a 2020, ta sake a 2022, cewa yadda aka rubuta shi ya tauye 'yancin faɗin albarkacin baki. A nan jiharmu, a Satumban 2025, Hassan Mai-Waya Kangiwa ya saki bidiyon mara lafiya kwance kan ƙarfen gado ba katifa a Babban Asibitin Kangiwa. Aka kama shi. Jama'a suka yi ca, ƙungiyar Amnesty ta yi magana, cikin kwanakin kuma gwamna Nasir Idris ya dakatar da kwamishinan lafiya. Ko wane ɓangare kake, ka san gadon asibitin gwamnati na jama'a ne, kuɗin katifar na jama'a ne, kuma jama'a na da haƙƙin su gani. Ko a nan ɗin ma, da ni ne mai ba da shawara, sai in ce duk mai ɗaukar irin wannan ya rufe fuskar mara lafiya, don gadon ake ƙara, ba wanda ke kwance a kai ba.

Haka na Kano. A Oktoban 2018 Jaafar Jaafar na jaridar Daily Nigerian ya saki faifan da ya ce Ganduje ne ke cusa daloli a aljihun babbar riga, kuɗin da ake zargin na 'yan kwangila ne. Ganduje ya musanta, ya ce haɗi ne. Ba ni zan yanke wannan shari'a ba. Abin da nake so ku gani shi ne yadda mutumin ya yi. Da sunansa ya saki, a jaridarsa. Da majalisar dokokin Kano ta kafa kwamiti ta kira shi, ya je ya zauna gabansu. Aka maka shi kotu ana neman diyyar naira biliyan 3, ya tsaya da lauyoyinsa, har a 2021 Ganduje ya janye ƙarar, kotu ta ce ya biya naira 800,000 kuɗin ɓata lokaci. Duk da haka a shekarar sai da ya bar ƙasar ya koma Ingila don tsoron ransa. Ɗan jarida ke nan mai suna, mai lauyoyi, mai hujja a kan dukiyar jama'a, ga abin da ya biya. Kai da ba ka da ko lambar lauya ɗaya a wayarka, za ka ɗauki irin wannan kaya a kan abin da ba kwabon talaka a ciki?

Tambayar da nake yi wa kowane faifai ke nan kafin in taɓa shi: me aka ɗauke wa jama'a a ciki? In kuɗin rijiya ne, ko takin da aka karkatar, ko ajin da yara ke zaune a ƙasa, ko akwatin zaɓe da ake dangwalawa a bayan gida, kawo shi, ni zan fara sa sunana, mu tantance wuri da rana, mu kai ICPC ko EFCC ko hannun ɗan jaridar da ya san aikinsa. In kuwa tsiraicin mutum ne, ba na jama'a ba ne, ko na maƙiyina ne. In akwai fyaɗe ko yarinya ƙarama a ciki, wurinsa hannun 'yan sanda, mutum ɗaya ya kai, ba zaure mai mutum dubu ba.

Sannan wa ya ce muku ma shi ne? Daren jajibirin zaɓen 2023 an saki wata murya wai Atiku da Tambuwal da Okowa na shirya maguɗi, masu binciken gaskiya suka bi ta suka ce haɗa ta aka yi. Wancan lokacin ma kayan aikin ba su kai na yau ba. Yanzu da ƙirƙirarriyar basira yaro zai zauna a shagon caji ya ɗora fuskar kowa a jikin kowa kafin a kira la'asar. Hotunanku na Sallah na nan a Facebook, na matanku da ƙannenku ma na nan. Kasuwar da kuke buɗewa yau, gobe da kayanku za a ci ta. Kamfanin WhatsApp da kansa, bayan jita-jita ta sa an kashe mutane a Indiya, ya taƙaita tura saƙo zuwa wuri biyar a 2019, a 2020 ya maida wanda ya yawaita yawo zuwa wuri ɗaya. Masu cin riba da turawarku ma sun ji tsoronta.

A siyasance ma, don kar a ce wa'azi kawai na zo yi, wannan harka asara ce. Ni na yi yawon gida-gida, na san abin da mata ke tambaya a rumfar zaɓe: taki, ruwa, asibiti, kuɗin makaranta, tsaro a hanyar gona. Ban taɓa ganin wadda ta sauya ƙuri'a don an nuna mata tsiraicin wani ba. Abin da na gani shi ne dattawa su ce yaran wane ba su da tarbiyya, su ɗora wa ɗan takararmu. Ga kuma abin da kuka fi ni sani: manyan nan ba sa gaba ta har abada. A 2022 Sanata Aliero da Sanata Yahaya Abdullahi suka bar APC suka koma PDP, a Mayun 2025 suka dawo APC tare da Sanata Garba Maidoki. Ban ce sun yi laifi ba, siyasa ce. Amma duk yaron da ya zagi uwar wani saboda su a tsakanin shekarun nan uku, yau ina yake sa fuskarsa? Jigon da kuke yaɗa faifansa, ba mamaki kafin zaɓen fid da gwani ku gan shi zaune kusa da namu ogan a wajen ɗaurin aure suna raha. Su za su shirya a falo cikin minti goma. Kai da dangin yarinyar nan kuwa, a makabarta ɗaya za ku yi ta haɗuwa har ƙarshen rayuwarku, kuma ba za su manta lambar wa suka gani a saman faifan ba.

Ƙanena ya ce su da sun samu namu ba za su ƙyale mu ba. Wataƙila. In sun yi, ga kotu, ga sashen da na karanto muku, mu za mu ɗauki sikirinshot ɗin a ranar, kuma ni zan raka wanda aka ɓata har gaban alƙali.

Don haka ga yadda za a yi a duk zauren da ke ƙarƙashin ofishin matasa. Wanda ya jefo bidiyon tsiraici, ko na waye, za a goge a cire shi, ba gargaɗi na biyu. Wanda yake da shi a waya ya goge yau, ya shiga saitin WhatsApp ya kashe saukar da bidiyo kai tsaye. Wanda aka kira gefe aka ba shi irin wannan aiki, ya zo ya same ni, ba zan faɗi sunansa ba.

Ku kuma iyayen gidanmu da ke aiko da kayan nan ta hannun yaranku, da girmamawa nake magana, na san kuna karanta shafin nan ko ba ku taɓa yin kwament ba. Kuna da shafukanku masu ɗauke da sunanku da hotonku da babbar riga. Kuna da 'ya'ya a jami'o'in Abuja da Kaduna da ƙasar waje, duk suna da manyan wayoyi da data wadda ba ta yankewa. In faifan nan aikin jam'iyya ne, ranka ya daɗe, a fara sa shi a shafinka, ko a ba Abba ya saki daga nasa.